Da Lalle a Hannu Muka Ɗauki Inna

Akwai ranar da ko tsufa ya kwashe mani hankali har na koma tambayar mutane sunana, ba na jin zan manta da ita. Ita ce ranar da muka kai Inna makwancinta a wani ƙauye na ƙasar Tajaye. Shekaru sun shuɗe, gashina ya yi fari, amma duk lokacin da na ɗaga hannu zan sauke tukunya sai kafaɗata ta dama ta tuna mani da nauyin makarar nan.

Bari in fara faɗa muku ko ni wace ce, tun wani bai riga ni da baƙar magana ba. Ni ɗan daudu ne. Haka garin Ƙonni ke kira na, kuma na daɗe da daina ɓata rai a kan sunan. Ranar sunana da sunan namiji aka yanka rago, amma tun ina ƙarama zuciyata wajen murhu da zane take, duka da zagi kuma ba su canza komai ba sai dai suka ƙara mani taurin kai. A tsakaninmu "ke" muke ce wa juna, muna da uwa, muna da yaya, muna da ƙawa. In wannan ya tsaya wa wani a wuya, ga randa nan ya sha ruwa. Tuwo nake sayarwa kusa da tasha, da guminmu muke ci, ba mu taɓa kwana da hatsin kowa ba.

Inna ba ita ta haife ni ba. Ita ce tsohuwar ɗan daudun da ta tsince ni lokacin da gidanmu ya yi mani zafi, ta ba ni tabarma da muciya, ta ce in dai zan iya tuƙa tuwo ba gudaji to na samu uwa. Mu huɗu ne 'ya'yanta da muka zauna tare da ita. Babbarmu, wadda muke kira Yaya, mai sanyin hali ce, ga ciwon ƙirji da hayaƙin itace ya bar mata. Ni ce mai bakin gidan, duk rigimar da ta taso ni ake turawa gaba.

Gidan Inna ƙofa biyu gare shi. Ta gaba tana kallon titi, nan rumfa take da benci, direbobi da 'yan dako da 'yan kabu-kabu su zauna su ci su tashi. Ta baya kuwa wata 'yar siririya ce da ke fita wani lungu, ta nan waɗanda muke kira masu harka suke shigowa. Su maza ne da zuciyarsu ke son maza, amma in ka gan su a hanya ba abin da zai nuna maka. Ga hula, ga gemu, ga iyali, wani da butiki a kasuwa, wani da kujera a buro, wato ofis. Masu zargi sun fi son su ji cewa lalata ke kawo su, to ku yi haƙuri, yawancinsu wuri kawai suke nema da za su cire hula su yi numfashi, su yi magana da muryarsu ta gaskiya. Inna ta ba su tuwo, ta saurari kukansu, ta sasanta waɗanda suka ɓata. In asirin wani ya kusa tonuwa, ita ke ɗaura zane ta bi gari da dabara har maganar ta mutu.

A cikin ɗakin nan 'yan'uwan juna muke, a ci tare a yi dariya tare. A titi kuwa ko sallamarmu ba sa amsawa. Mun saba, ba ma ko riƙe su a zuci. Inna takan ce mu ne bangon gabas, mu ruwa ke duka, su kuma suna ciki a bushe, kuma ai aikin bango ke nan. In samari sun tashi jifa, mu suke gani. In jandarma sun tashi shara, mu suke kwasa. Na yarda da maganar bangon nan shekara da shekaru, ban taɓa tambayar ranar da bango zai nemi a tallafe shi ba.

Babban cikinsu wani Alhaji ne mai butikin yadi. Shi ya fi kowa kusa da Inna. Akwai wani sunan wasa da ta raɗa masa, wanda ba ya fita daga ɗakin nan, in ta kira shi da shi sai ka ga ƙaton mutum yana sunkuyar da kai yana murmushi kamar yaro. Ba zan faɗi sunan ba, ko a nan.

Cikin bazara abin ya faru, irin zafin nan da kare ma ke rasa inda zai sa kansa. Wata maƙwabciyarmu ta aurar da ɗiyarta, mu muka yi girkin biki, matan unguwa kuma suka ce ba za a yi ƙunshi ba mu ba. Inna ba ta son zanen zamani na robar nan da ake matsawa. Nata na dā ne, a kwaɓa lalle a damƙe a hannu, a zura cikin zunguru a zauna ana hira har ya kama. Ta yi wa kanta, ta yi mana mu duka huɗu, hannu da ƙafa. Lallen ya kama ja wur har ya doshi baƙi, tana ta juya hannunta a rana tana cewa ko amarya sai ta yi kishi.

Biki bai daɗe da watsewa ba, wata safiya bayan ta yi sallar asuba, muna hura wuta, ta zauna a kan kujerarta ta ce, "Ɗiya, amshi muciyar ga, kaina na juyawa." Na karɓa. Ta jingina da bango, ta yi salati a hankali, shi ke nan. Likitan unguwa ya zo ya duba ya ce sai haƙuri. Na yi kuka ranar nan irin wanda ban yi wa uwar da ta haife ni ba, kuma ba na jin kunyar faɗa.

Kowa a gidan ya san wasiyyarta, don ba ta gajiya da maimaitawa. A kai ta ƙauyensu, a sa ta kusa da mahaifiyarta. Tana da ƙane a can, wanda muke kira Kawu ko da yake ba mu taɓa ganinsa ba. Na kira shi a waya, ya ce a kawo, za su fara haƙa.

Da hantsi Alhaji ya shigo ta ƙofar baya, da farin yadi na likkafani a hammatarsa. Ya durƙusa kusa da ita ya yi kuka, kuma ba zan zalunce shi ba, kukan gaskiya ne. Da ya share fuska sai ya ja ni gefe, Yaya na tsaye tana ji.

"Mun yi shawara," ya ce. "Mu za mu kai ta gida. Na yi magana da mai mota. Ku ku zamna nan ku amshi gaisuwa."

Na ce, "Mu zamna?"

"Ke ma kin sani, mata ba su tahiya kushewa. Ba ku ne kullum ke cewa ku mata ne ba?" Ya nuna hannuwana da haɓa. "Kuma dubi wanga abu. In mutanen ƙauye sunka gan mu tare da ku, mi za su ce game da mu? In za ku tahi, gaskiya mu ba mu zuwa."

Na ce, "Yau munka zama mata, Alhaji? Ran da samari sunka kore mu daga hamhon ruwa suna kiranmu ƙartin banza, kana bakin butikinka kana auna yadi, ban ji ka hito ka ce mata ne a ƙyale su ba. Sai yau da za a raba mu da uwarmu ka tuna?"

Yaya ta riƙe mani hannu. "Ƙawa, bari," ta ce. "Ba don mu ba, don Inna. Ta bar garinsu ana yi mata dariya. Gara ta koma da manyan riguna a bayanta, a ga ta yi mutane."

Maganar ta shige ni, don gaskiya ce. Inna ta cancanci a ga alhazai a jana'izarta. Na ce to. Alhaji ya ce yanzu zai tattaro sauran su dawo da mota, ya fita ta inda ya shigo.

Muka zauna jira. Rana ta yi sama, kwanon rufi ya fara ƙara don zafi. Wanda ya san bazarar Ƙonni ya san gawa ba ta jiran kowa a irin wannan lokaci. Muka jiƙa zannuwa muka rataya a ƙofa, muna yi mata fifita bi da bi, idona a kan ƙofar baya. Matan unguwa suna shigowa gaisuwa suna tambaya, "Har yanzu ba a tashi ba?" Kawu ya kira ya ce kabari ya kusa. Sai wajen azahar mota ta tsaya a ƙofar gida, direba shi kaɗai a ciki. Na bi su Alhaji a waya ɗaya bayan ɗaya. Wannan an kira shi buro, wancan matarsa ba lafiya, wani wayarsa a kashe. Ta Alhaji tana ta ƙara ba a ɗauka. Daga baya na gane abin da ya faru. Da suka koma suka zauna, sai kowa ya tambayi kansa, in an ce mi ya haɗa ka da ɗan daudu har ka bi gawarsa ƙauye, mi za ka ce? Sun hana mu zuwa don kada a gan su da mu, sannan suka ga ko ba mu, ita kanta gawar ta isa ta tona su.

Na ce su Yaya su tashi. Muka cire zannuwan girki, muka sa riguna da huluna kamar yadda muke yi in za mu masallacin Juma'a. Sai ga Yaya ta fito da safar ƙafa, wai mu zura a hannu don a rufe lallen. Duk baƙin cikin da nake ciki sai da na kusa dariya. Na ce, "Yaya, safa a hannu cikin wanga zahi? Ai sai a ce kutare sunka kawo gawa. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ita ta sa muna shi da hannunta, da shi za mu raka ta." Ta dube ni, ta dubi safar, ta jefa ta kan gado.

Muka wuce Tsarnawa, can gaba muka bar kwalta muka shiga rairayi. Ina zaune a baya, kan Inna a cinyata don kada ramuka su buga ta. A haka muka tafi har muka hango rumbunan ƙauyen.

Abin da ban lissafa ba shi ne rani ne. Duk wani namiji mai ƙarfi a garin ya tafi cin rani, wasu Najeriya, wasu ƙasashen da suka fi nan nisa. Tsofaffi suka rage, da mata da yara. Su tsofaffin ne suka wuni suna saran busasshiyar ƙasa, ga su nan zaune a inuwa sun gaji liƙis. Muna saukowa idanu suka sauka a kan hannuwanmu, daga nan suka gangara ƙafafu. Wani ya yi tsaki. Mata suna leƙe ta saman darni suna ƙus-ƙus. Kawu, wani siririn dattijo mai kama da Inna sak har wajen hanci, ya karɓi gaisuwarmu bai miƙo hannu ba.

Liman ya tambaya ko marigayin yana salla. Na ce bai taɓa bari ta wuce shi ba, da alwalar asuba ma ya cika. Ya ce to alhamdu lillahi, wa ya iya wanka a cikinku? Na ce ni. Ya ce, "Shiga ka kama wa ɗan'uwansa, ai namiji ke wanke namiji." Na ce a raina, ikon Allah. Da safe a Ƙonni ni mace ce, an hana ni kushewa. Da la'asar a nan ni namiji ne, an ba ni buta. Kowa yana juya mu ta gefen da ya fi masa sauƙi, ba wanda ya taɓa tambayarmu.

A bayan wani zana muka yi wankan, ni ina zuba ruwa, Kawu yana wankewa. Da ya zo kan hannunta na dama ya buɗe tafin, sai ya tsaya cak. Ya ɗauki sabulu ya goga, ya ɗauraye, lalle na nan. Ya sake gogawa. Sai na ga ya miƙa hannu ƙasa ya dumtso rairayi, ya fara dirzar tafin da shi, yana dirza yana huci, hawaye na zuba a gemunsa. Namiji ne da bai taɓa kula da yadda lalle yake ba, yana tsammani abu ne da ke zaune a saman fata.

Na ajiye buta na kama wuyan hannunsa. Na ce, "Kawu, ba ya hita. Ko ka kai ga ƙashi ba ya hita. Bar mata hannunta, da shi ta ciyar da mutanen da ba su ƙirguwa. Wanda za ta wurinsa ya riga mu ganinsa."

Ya dube ni kamar zai mare ni. Ni ma na dube shi, ban saki ba. A hankali ya buɗe yatsunsa rairayin ya zube. Ya ɗauraye hannun da ruwa mai kyau, ya kwantar da shi a gefenta, muka ƙarasa wankan. Da yadin Alhaji muka yi mata sutura.

Da aka tsaya salla, tsofaffin suka bar fili tsakaninsu da mu, wanda jaki da kaya zai iya wucewa. Ban damu ba, ba su na zo yi wa salla ba. Ana sallamewa na waiga, sai ga Alhaji a ƙarshen sahu, motonsa, wato babur, a jingine a gindin bishiya. Na ji yana gaya wa wani tsoho wai ya zo neman wake ne a ƙauyukan nan, ya ga jana'iza ya ce bari ya tsaya ya samu lada. Idonsa ya bi ta kaina ya wuce kamar bai taɓa ganina ba. Duk da haka zuciyata ta ɗan yi sanyi. Na ce ko ba komai ya zo.

Liman ya ce, "Bismilla, a ɗauka." Ba wanda ya motsa. Kun san al'adarmu, makara ba ta rasa hannu. Rububinta ake yi, wannan ya ɗan taka ya ba wancan, kowa na neman ladansa, har ma ba a barin mutum ya gaji. Ranar nan kowa ya tsaya yana kallon ƙasa. Wasu gajiya ce ta gaskiya, na sani. Wasu kuwa ba sa son kafaɗarsu ta haɗu da tamu. Na dubi 'yan'uwana, muka sunkuya mu huɗu muka ɗaga. Ni da Yaya muna gaba.

Wanda ya ɗauki makara ba shi da aljihun da zai ɓoye hannu. Dole ya ɗaga shi sama ya riƙe itace, kowa na gani. Haka muka ratsa tsakiyar garin, jajayen hannuwa a sama, mata na kallo ta kan darni, jama'a na biye a baya nesa kaɗan. Kushewar tana bayan wani tudun rairayi, ƙafa na nutsewa, rairayin kuma kamar an soya shi. Ban sunkuyar da kai ba. Na ce in dai kallo ne, yau a ƙoshi.

Muna tsakiyar tudun na fara jin numfashin Yaya yana fito. Ƙirjinta ya tashi. Makarar ta fara karkata wajenta, na ji nauyin Inna yana zamewa. Na ce, "Yaya, daure." In ta faɗi, Inna za ta zube a ƙasa a gaban garin da ya yi mata dariya tana yarinya, kuma abin da za a riƙa ba da labari ke nan har jikoki. Na juya kaina iya yadda wuya zai juyu. Alhaji yana nan kusa, ya fi kowa ƙarfi a wurin, in ya miƙa hannu zai taɓa itacen. Muka haɗa ido.

Wallahi sunan nan da Inna ke kiransa da shi yana kan harshena. In na kira shi da shi da ƙarfi, cikin muryar da muke magana a ɗaki, ya gama yawo, kafin ya koma Ƙonni labari ya riga shi. Raina ya so, ba zan ɓoye ba. Amma asirinsa amanar Inna ce, ita kuwa tana kan kafaɗata. Sai na ɗaga murya na yi wa kowa da kowa magana.

"Jama'a, gawar musulmi ce za ta hwaɗi. Lalle ba ya karya alwala, ba ya cinye lada. Ba mai tsoron Allah ko guda a cikinku?"

Alhaji ya sunkuyar da kai yana gyara hula. Bai taka ko sau ɗaya ba.

Kawu ne ya ratso mutane, tsoho da shi, wanda ya wuni yana haƙa. Ya zura kafaɗarsa ƙarƙashin itacen, ya ɗora hannunsa a kan jan hannun Yaya kafin ta zare nata, ta zauna a rairayi tana haki. Makara ta daidaita. Ganin haka sai liman ya karɓi ɗaya daga na baya, wani tsoho ya karɓi ɗayan, daga nan aka shiga karɓa-karɓa kamar yadda ake yi wa kowane mamaci. Wani dattijo ya zo zai karɓe ni, na ce, "Na gode, Baba, ladanka na nan, amma ni ba ni saki." Ban saki ba sai a bakin kabari.

Bayan an rufe ta an yi addu'a, Kawu ya sa aka kawo mana ruwa da fura. Ya zauna kusa da ni yana kallon tudun kabarin Inna, ya ce, "Shi ya goye ni ina jariri. Ya ɗaura ni da zanen innarmu ya yi ta yawo da ni, babanmu na bugunsa a kan haka, gobe ya sake." Sannan ya ce, "Yau na rama kaɗan." Da za mu tafi ya miƙo hannu, ya gaisa da mu ɗaya bayan ɗaya. Alhaji kuwa tun ana addu'a na ji tashin motonsa.

Ana gama zaman makoki na kira magini ya toshe ƙofar baya da tubali, ya shafe ta da laka. Yaya ta ce ina za su bi, bayin Allah? Na ce ta gaba. Ɗakin ciki yana nan, tuwo yana nan, asirin kowa yana nan a rufe har in mutu. Amma wanda zai shiga sai ya bi ta rumfa da rana tsaka, ya yi mana sallama, mu amsa. Kada ku ɗauka ban san tsoronsu ba. Na san shi sarai, suna da 'ya'ya da surukai, kuma yanzu ma abin ya fi dā tsanani. Ban ce kowa ya hau kan kasuwa ya yi shelar kansa ba. Amma sayen tuwo wurin ɗan daudu bai taɓa tona asirin direba ba, kama makara kuma bai taɓa tona na kowa ba. Wasu suka ɗauke ƙafa har yau. Wasu suka koyi ƙofar gaba, kuma sama ba ta faɗo ba.

Alhaji sai da damina ta zo ta wuce, wata ta sake zuwa, sannan na gan shi. Ya shigo ta rumfa, ya yi sallama, ya zauna a benci tsakanin 'yan dako. Na zuba masa kamar kowa. Da wurin ya ɗan rage ya ce a hankali, bai ɗago kai ba, "In na riga ki, za ki zo?"

Na ce, "Kai da ke da ɗiya da surukai da abokan kasuwa? Makararka sai an yi rububi."

Ya ce, "Ba shi na tambaye ki ba."

Na ce, "Zan zo, kuma zan kama. Amma da lalle zan zo."

Ya daɗe yana juya lomar da ke hannunsa. Sannan ya ce to, ya miƙo kwano in ƙara masa miya.

Yaran yanzu masu waya sukan nuna mani wasu haruffan boko a jere, su ce duniya ta ba kowane irinmu harafinsa, duk gida ɗaya muke, ga namu can wajen ƙarshe. Nakan ce madalla, Allah ya sa albarka, amma ni ban yi lakwal ba, ban taɓa zaman ajin boko ba, a kan tudun rairayi na yi nawa karatun. Abin da ranar nan ta koya mani shi ne, wanda ya ce ku gida ɗaya ne, kada ka auna shi a cikin ɗaki lokacin da tuwo ke da zafi, auna shi a fili ranar da nauyi ya karkata. Kuma kada ka yarda ka ɓoye kanka don wani ya ji daɗin tsayawa kusa da kai, domin ka ɓoye ɗin ma ba lalle ne ya zo ba. Mun zauna a gida don su je, ba su je ba. Mun fito da hannuwanmu a fili, a nan aka samu wanda ya kama mana. Tun daga ranar ban ƙara barin tafin hannuna ya yi fari ba, da ya fara koɗewa nake kwaɓa wani. Na kuma bar wa 'ya'yana wasiyya, ranar da tawa ta zo kada wanda ya ɗauko rairayi.